RA'AYINMU: Coci da Gwamnati a Kongo, Ina Iyakar Biyayya ga Shugaba?

A ranar 30 ga watan Satumba na shekarar 2025, babbar kotun soja da ke birnin Kinshasa ta yanke wa Joseph Kabila hukuncin kisa a bayan idonsa, bisa samunsa da laifin cin amanar ƙasa da haɗa kai da ƴan tawayen M23. Wannan mutum shi ne ya mulki Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kongo tsawon shekara 18, kuma a zamaninsa ne jami'an tsaro suka riƙa harba hayaƙi mai sa hawaye cikin majami'u, suna buɗe wa masu ibada wuta a harabar coci, da hujjar cewa sun fita daga biyayya ga hukuma. Jam'iyyar da ake fatattakar magoya bayanta a wancan lokaci ita ce yau bisa karagar mulki, kuma ba ta ɗauki lokaci ba ta koyi irin yaren da ake yi mata a da. A watan Afrilun 2024, babban mai shigar da ƙara na ƙasar ya ba da umurnin a buɗe bincike a kan Kardinal Fridolin Ambongo, babban limamin Katolika na Kinshasa, wai kalamansa suna tunzura jama'a su yi wa gwamnati bore. Masu mulki sun canza, ƴan adawa sun canza, amma zargin da ake yi wa limaman coci yana nan yadda yake tun zamanin Mobutu.

Mai karatu zai iya tambaya, mene ne ruwanmu da rikicin coci da gwamnati a ƙasar da ke nesa da mu, alhali mafi yawanmu a nan Musulmi ne? Ruwanmu shi ne, tambayar da ake gardama a kanta can ba ta addini guda ba ce. Idan shugaba ya taka dokar da ya yi rantsuwa zai kare, mene ne ya wajaba a kan mai wa'azi: ya ce wa jama'a su yi haƙuri su bi, ko ya ce wa shugaba ya tsaya? Mu ma mun sha wannan gardama a masallatai da gidajen rediyo, kuma ba mu ƙare ta ba. A Kongo an yi ta a fili, da jini, har ana iya auna abin da ta haifar.

Su Kirista, tushen gardamarsu yana cikin littafinsu. A sura ta 13 ta wasiƙar da Bulus ya aika wa Kiristocin birnin Rum, ya hore su da su yi biyayya ga hukuma, su biya haraji, domin a ganinsa iko daga Allah yake. Amma a wani wuri cikin littafin, inda aka ba da labarin almajiran farko, an nuna yadda Bitrus da abokansa suka ƙi bin umurnin majalisar da ta hana su wa'azi, suna masu cewa umurnin Allah yana gaba da na mutum. Shi kansa Bulus, bisa abin da tarihin coci ya riƙe, hukumar Rum ɗin ce ta kashe shi a zamanin sarki Nero. Tun daga nan kowane ɓangare yake da ayar da zai ɗauko. A shekarar 1525, da manoman Jamus suka tashi suna neman sauƙin zaluncin masu ƙasa, Martin Luther ya tsaya bayan sarakuna, aka karkashe manoma dubbai. Shekara 25 bayan haka, a 1550, mabiyansa na birnin Magdeburg, da sarkin sarakuna ya matsa masu, sai ga su sun rubuta takarda suna kafa hujjar cewa ƙananan hukumomi suna da damar ƙin bin babba idan ya zama azzalumi. Mazhaba ɗaya, littafi ɗaya, abin da ya canza kawai shi ne wanda takobi ke kan wuyansa.

Haka aka yi ta yi har zuwa zamaninmu. Gwamnatin wariyar launin fata ta Afirka ta Kudu da cocin Turawan da ke mara mata baya sun daɗe suna fakewa da wannan sura ta 13, har a 1985 limamai da malaman addinin Kirista sama da 150 suka fitar da takardar da aka sani da Kairos, suka ce wannan fassara tauhidin gwamnati ce, ba na Allah ba. A watan Yunin 2018 kuma, ministan shari'a na Amurka na lokacin, Jeff Sessions, ya ɗauko surar domin kare matakin raba ƴaƴan baƙin haure da iyayensu a kan iyaka. Abin da muka lura da shi cikin duk wannan tarihi shi ne, da wuya ka ga talaka ya ɗauko ayar biyayya yana karanta wa ɗan'uwansa talaka. Mai riƙe da sanda ne ke ɗauko ta, ko wanda ke ci a gidansa.

Cocin Katolika na Kongo ma ba a kan turbar adawa ya fara ba. A zamanin mulkin mallakar Beljiyam, shi ne ɗaya daga cikin duwatsun murhu uku da aka ɗora tukunyar mulki a kansu, tare da gwamnati da kamfanonin haƙar ma'adinai. Lokacin da wani mai wa'azi baƙar fata, Simon Kimbangu, ya tara jama'a a 1921, ƴan mishan suna cikin waɗanda suka matsa a kama shi, kuma a kurkuku ya mutu a 1951 bayan shekara 30 a tsare. Sai bayan samun ƴancin kai, da shugabancin cocin ya koma hannun ƴan ƙasa, al'amari ya fara juyawa. Mobutu, wanda ya ƙwace mulki a 1965, ya so ya zama shi kaɗai ne abin jin tsoro da abin yabo a ƙasar. Ya sauya sunan ƙasa zuwa Zayar a 1971, ya hana sunayen Kirista, ya ce kowa ya koma sunan gargajiya. Kardinal Joseph Malula ya ƙi yin shiru, aka kore shi daga gidansa, ya yi gudun hijira na wasu watanni a Rum a 1972. A 1974 gwamnati ta ƙwace makarantun coci. Ba a yi shekara uku cikakku ba ta mayar da su, domin ta kasa tafiyar da su. Wannan shi ne sirrin ƙarfin cocin har yau: a ƙauyukan da babu alƙali, babu likitan gwamnati, babu hanyar mota, akwai makarantar coci da asibitin coci da limamin da ke zaune da mutane. Abin mamaki kuwa, cocin mabiya Kimbangu, wanda ya fito daga kurkukun Turawa, shi ne ya zama ɗaya daga cikin masu yi wa Mobutu biyayya sau da ƙafa.

Da iskar dimokuraɗiyya ta kaɗa a farkon shekarun 1990, ƙasashe da dama masu magana da Faransanci sun nemi wanda zai shugabanci babban taron ƙasa, wanda kowane ɓangare zai yarda da shi, sai suka koma ga limaman coci. A Benin, Isidore de Souza ne ya jagoranci taron watan Fabrairun 1990 da ya raba Mathieu Kérékou da ikonsa ba tare da zubar da jini ba. A Kongo Brazzaville an ɗauko Ernest Kombo, a Togo Philippe Kpodzro, a Zayar kuma Laurent Monsengwo. Mu a nan Nijar, da muka buɗe namu taron a ranar 29 ga Yulin 1991, malamin jami'a muka ɗauko, Farfesa André Salifou. Gwamnatin Mobutu ta dakatar da taron Kinshasa a watan Janairun 1992. Ranar Lahadi 16 ga Fabrairu, Kirista suka fito daga majami'u da littattafai da carbi a hannu suna neman a sake buɗe shi, soja suka buɗe masu wuta. Masu kare haƙƙin ɗan Adam sun ƙirga gawa sama da 30. An sake buɗe taron a watan Afrilu, amma Mobutu ya ci gaba da zama har 1997, kuma bindigar Laurent-Désiré Kabila ce ta kore shi, ba carbi ba.

To, sai mu zo kan ɗansa. Wa'adin Joseph Kabila na biyu, wanda shi ne na ƙarshe bisa tsarin mulkin 2006, ya ƙare ranar 19 ga Disamban 2016. Bai ce zai sauya tsarin mulki ba, bai kuma shirya zaɓe ba. Hukumar zaɓe ta ce babu kuɗi kuma rajistar masu zaɓe ba ta kammala ba, kotun tsarin mulki kuma ta ce shugaba na iya zama har sai an rantsar da magajinsa. Mutanen Kongo suna ce wa wannan dabara glissement, wato zamiya. Mu nan tazarce muke ce mata. Majalisar bishop-bishop ta ƙasar, CENCO, ba da zanga-zanga ta fara ba. Shiga tsakani ta yi, ta zaunar da gwamnati da ƴan adawa har aka sa hannu kan yarjejeniya a daren 31 ga Disamban 2016: Kabila ba zai sake tsayawa ba, ba za a taɓa tsarin mulki ba, za a yi zaɓe kafin ƙarshen 2017, ƴan adawa za su ba da firaminista. Wata guda bayan haka madugun adawa Étienne Tshisekedi ya rasu a Brussels, adawa ta rabu, Kabila ya zaɓi wanda yake so daga cikin waɗanda suka ɓalle ya naɗa firaminista, hukumar zaɓe ta ɗage zaɓe zuwa ƙarshen 2018. A watan Maris na 2017 bishop-bishop suka tsame hannunsu daga shiga tsakani.

Daga nan ne aka shiga abin da gwamnati ta kira tawaye. A watan Disamban 2017 majami'un Kinshasa suka fara kaɗa ƙararrawa kowace Alhamis da dare na tsawon minti 15, mutane suna amsawa da buga tukwane da busa usur daga gidajensu. Wani kwamiti na mabiya Katolika waɗanda ba limamai ba ya kira tattaki bayan sallar Lahadi har sau uku: 31 ga Disamban 2017, 21 ga Janairu da 25 ga Fabrairun 2018. Kowane karo gwamnati ta hana, ta yanke intanet, ta kewaye majami'u da soja da ƴan sanda, kuma kowane karo an kashe mutane. Thérèse Kapangala, budurwa mai shekara 24 da ke shirin shiga aikin zuhudu, a ƙofar coci harsashi ya same ta ranar 21 ga Janairu. Rossy Mukendi, malamin jami'a mai ƙuruciya, an harbe shi ranar 25 ga Fabrairu a harabar wani coci a unguwar Lemba, kuma sai a 2022, bayan mulki ya canza hannu, kotun soja ta yanke wa jami'ar ƴan sandan da ke jagorantar rundunar hukuncin ɗaurin rai da rai. Kardinal Monsengwo, wanda ya ga irin wannan a 1992, ya fito a farkon Janairu ya ce lokaci ya yi da marasa ƙwarewa za su kauce su ba da wuri. Har a cocin Furotesta, wanda aka saba ganinsa kusa da fadar shugaban ƙasa, wani fasto mai suna François-David Ekofo ya tsaya gaban manyan gwamnati da iyalan Kabila ranar 16 ga Janairun 2018 ya faɗi halin da ƙasa take ciki ba tare da kwana-kwana ba. Bai yi wata guda ba ya bar ƙasar.

A nan ne muke ganin gardamar biyayya ta samu amsar da ta fi ƙarfi, kuma ba daga littafin addini ta fito ba. Masu tattakin sun kafa hujja da aya ta 64 ta tsarin mulkin ƙasarsu, wadda ta ɗora wa kowane ɗan Kongo wajibcin hana duk wanda ya ƙwaci mulki da ƙarfi, ko yake tafiyar da shi ta hanyar da ta saɓa wa tsarin mulki. Gwamnati ita ma ta riƙa ɗauko sakin layi na biyu na wannan ayar, wanda ya ce yunƙurin kifar da tsarin mulki laifi ne babba. To, wane ne ya kifar da shi? Mutumin da wa'adinsa ya ƙare ya ƙi tashi, ko waɗanda suka fito da ganyen dabino a hannu suna cewa a yi zaɓe? A ƙasar da ke da rubutacciyar doka wadda shugaba ya ɗora hannu ya rantse a kanta, hukumar da ake bi ita ce dokar, shugaba kuwa ma'aikacinta ne na wani wa'adi. Idan ya zarce wa'adin da gangan, shi ne ya fara fita daga biyayya. Limamin da ya ce wa jama'a su ci gaba da binsa a wannan hali, ba zaman lafiya yake karewa ba, ɓangare ya ɗauka, ko da yana cewa shi ba ɗan siyasa ba ne.

Ranar 8 ga Agustan 2018 Kabila ya bayyana Emmanuel Ramazani Shadary a matsayin ɗan takarar ɓangarensa. Ba za mu ce ƙararrawar coci kaɗai ta sa shi ja da baya ba, domin akwai matsin lamba daga Angola da Afirka ta Kudu da takunkumin Amurka da Tarayyar Turai. Amma ba don jinin da aka zubar a harabar majami'u ba, da waɗannan ƙasashe ba su sami abin riƙewa ba.

Sai dai tsugune ba ta ƙare ba, kuma abin da ya biyo baya shi ne ya fi ba mu abin tunani. A zaɓen 30 ga Disamban 2018, CENCO ta baza masu sa ido kimanin 40,000 a rumfunan zaɓe, suna tattara sakamako rumfa bayan rumfa. Ranar 3 ga Janairun 2019 kakakinta Donatien Nshole ya ce cocin ya san wanda ya ci, ya roƙi hukumar zaɓe ta faɗi gaskiya. Ranar 10 ga wata hukumar ta ce Félix Tshisekedi ne ya ci da kashi 38 da ɗoriya cikin 100, Martin Fayulu ya zo na biyu da kusan kashi 35. Cocin ya ce wannan bai yi daidai da abin da ke hannunsa ba, kuma alƙaluman da suka fita daga baya zuwa ga manyan jaridun duniya sun nuna Fayulu yana da wajen kashi 60. Duk da haka bishop-bishop ba su kira kowa kan titi ba. Kotu ta tabbatar, aka rantsar da Tshisekedi ranar 24 ga Janairu. Magoya bayan Fayulu har yau suna ganin coci ya kai su bakin kogi ya bar su. Mu kuwa muna ganin a nan ne cocin ya nuna ya san iyakarsa. Ya ba da shaida a kan abin da ya gani, bai janye ta ba, amma ya ƙi ya tura ƴaƴan mutane gaban bindiga domin a ɗora wani ɗan takara a kujera. Neman a yi zaɓe haƙƙin kowa ne. Neman a naɗa wane, wannan aikin jam'iyya ne. Muna sane da cewa wannan bambanci ba zai sanyaya zuciyar wanda aka sace wa ƙuri'a ba.

Akwai kuma maganar da ba a cika son faɗa ba. A duk tattakin nan, daga 1992 zuwa 2018, babu bishop ko ɗaya da ya mutu. Waɗanda suka mutu ɗalibai ne, da ƴan kasuwa, da matasa marasa aikin yi. Kardinal yana da Fadar Paparoma a bayansa, da ofishin jakadancinta, da jaridun Turai. Talaka ba shi da kowa sai Allah. Saboda haka duk mai rawani ko mai doguwar riga da zai ce wa jama'a su fito, ya kamata ya auna nauyin abin da yake nema daga gare su. Koyarwar cocin Katolika kanta ta gindaya sharuɗɗa masu tsauri kafin a kai ga ɗaukar makami a kan hukuma: zalunci ya kasance babba kuma ya daɗe, an gwada dukan sauran hanyoyi, ba za a haifar da ɓarnar da ta fi wadda ake gudu ba, kuma akwai kyakkyawan zaton nasara. Dokar cocin ta kuma hana limamai riƙe muƙamin gwamnati. A Kongo ba a taɓa jin CENCO ta kira a ɗauki makami ba.

Inda limamai suka kauce wa wannan layi, ta kowane gefe, an ga sakamakon. A Ruwanda, babban bishop na Kigali, Vincent Nsengiyumva, ya yi shekaru yana zaune a kwamitin ƙoli na jam'iyyar shugaba Habyarimana. Da kisan ƙare dangi ya zo a 1994, cocin da ya saba da biyayya bai sami bakin hanawa ba, aka karkashe dubban mutane a cikin majami'un da suka gudu neman mafaka, har kotun duniya ta Arusha ta ɗaure wani limami, Athanase Seromba, saboda rushe cocin Nyange a kan mutanen da ke ciki. A ɗaya gefen kuma ga Togo. Philippe Kpodzro, wanda ya shugabanci taron ƙasa a 1991, da tsufansa ya fito a zaɓen 2020 ya zaɓi ɗan takara guda, Agbéyomé Kodjo, ya yi masa yaƙin neman zaɓe. Aka ce Faure Gnassingbé ya ci, tafiyar ta watse, su biyun duka suka mutu a gudun hijira a 2024. Daga ranar da dattijon ya ɗaga hannun ɗan takara, gwamnati ta sami damar cewa ɗan adawa ne kamar kowa.

Gwamnatoci kuwa sun daɗe da gane cewa ba sai an yi faɗa da masu addini ba, ana iya raba su. A Kongo ƙungiyoyin addini takwas ne ke ba da sunan shugaban hukumar zaɓe. A 2021 Katolika da Furotesta suka ƙi amincewa da Denis Kadima, suna cewa yana kusa da shugaban ƙasa, sauran shidan, har da ƙungiyar Musulmin ƙasar, suka amince, aka naɗa shi. Kowane shugaba yana da limamansa.

Wannan ya kawo mu gida. Mu ma muna da ayar da ta hore mu da bin majiɓinta al'amari a cikin Suratun Nisa'i, muna kuma da hadisan da suka nuna ba a bin mahaluki a saɓa wa Mahalicci, kuma malamanmu sun san duka biyun. Tarihin yankin nan ma a kan wannan gardama ya ginu. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wanda aka haifa a Maratta cikin ƙasar Nijar ta yau, an ruwaito cewa a taron Idi na Magami, wajajen 1788, Sarkin Gobir Bawa Jangwarzo ya ba shi kyautar zinariya, ya ƙi karɓa, ya nemi a maimakonta a bar shi ya yi wa'azi, a saki fursunoni, a sassauta wa talakawa haraji. Daga baya al'amari ya kai ga yaƙi a 1804, kuma Shehu Laminu na Borno ya yi ta musayar wasiƙu da Muhammadu Bello yana tambayar hujjar ɗaukar takobi a kan sarakunan da ke sallah. Har gobe ba a karanta wannan tarihi a Maraɗi da Tsibiri kamar yadda ake karanta shi a Sakkwato. Amma ƙin karɓar zinariyar nan, babu wanda ke gardama a kansa. Da ya karɓa, da bai iya buɗe baki ya nemi a saki kowa ba, domin kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Malamin da kujerar hajjinsa da motarsa da buhunan sukarin azuminsa duk daga fada suke fitowa, ko ya ga gaskiya ba zai iya faɗinta ba, kuma ko ya faɗi wajibcin biyayya da zuciya ɗaya, jama'a ba za su yarda don Allah ya faɗa ba.

A 2009, lokacin da shugaba Tandja Mamadou ya rusa majalisar dokoki ranar 26 ga Mayu, ya rusa kotun tsarin mulki a ƙarshen watan Yuni saboda ta ce masa a'a, ya shirya ƙuri'ar raba gardama ta 4 ga Agusta, waɗanda suka tsaya masa su ne alƙalan kotun ƙarƙashin Salifou Fatimata Bazèye, da ƙungiyoyin ƙwadago, da ƙungiyoyin farar hula, da jam'iyyun adawa. Ba a sami wata murya ta addini mai nauyin CENCO da za ta shiga fada ta ce masa ya isa, ya kuma ji ba. Ƙarshenta soja ne suka raba gardamar ranar 18 ga Fabrairun 2010. Ƙasar nan ta ga juyin mulki a 1974, 1996, 1999, 2010 da 2023. Wa'azin da ke cewa a bi duk wanda ke riƙe da mulki, ba tare da tambayar yadda ya same shi ko yadda yake tafiyar da shi ba, bai hana ko ɗaya daga cikinsu ba. Abin da yake yi kawai shi ne, wanda aka ce mu bi ranar Laraba, ranar Alhamis a ce mu bi wanda ya tsare shi. Kiristocin Nijar kuwa, waɗanda ƴan tsiraru ne, kuma suka ga yadda aka ƙona majami'unsu a Damagaram da Yamai a watan Janairun 2015, ba za a yi adalci ba idan aka nemi su yi abin da cocin Kongo ya yi. Nauyin yana kan masu rinjaye.

Can a Kongo jarrabawar ba ta ƙare ba. Bayan da M23 ta kama Goma a ƙarshen Janairun 2025, tawagar bishop-bishop na Katolika da shugabannin Furotesta ta tafi birnin ranar 12 ga Fabrairu ta gana da jagoran siyasar ƴan tawayen domin neman sulhu. Jagoran nan kuwa ba wani ba ne illa Corneille Nangaa, mutumin da ya shugabanci hukumar zaɓe a 2018, wanda ya karanta sakamakon da cocin ya ce ba gaskiya ba ne. Jam'iyyar UDPS mai mulki ta yi tir da tafiyar, wasu ƴaƴanta suka kira limaman maciya amana. Muna ganin zama da mai bindiga domin a tsayar da kisa aikin mai addini ne, muddin bai koma kakakinsa ba, kuma ya kamata cocin ya riƙa faɗin ta'asar M23 da hannun Ruwanda a cikinta da ƙarfin muryar da yake faɗin laifin Kinshasa. Tun a watan Oktoban 2024, a birnin Kisangani, shugaba Tshisekedi ya ce tsarin mulkin 2006 bai dace da ƙasar ba, yana son a sake shi. Wannan shi ne tsarin mulkin da magoya bayansa suka mutu suna karewa a ƙofar majami'u. CENCO ta riga ta ce ba ta goyon bayan a taɓa shi, kuma wa'adinsa na biyu zai ƙare ne da zaɓen 2028.